Kwamfutar Ƙanena

A wata rumfar gyaran kwamfuta a Jimeta, Lilian ta tsaya a kan mai gyara, ta ƙi zama.

"Madam, ɗan fayil ɗaya ne ya ɓata, DLL. Kamar rijiyar unguwa yake, manhajoji da yawa a nan suke ɗiba. Mu goge komai kawai, mu sake zubi."

"A goge? Ta ƙanena ce."

"To ya zo da kansa mana."

"Tun gudunmu daga Mubi ba a gan shi ba. An ce in yi zaman makoki, na ƙi. Yadda ya bar ta, haka zai same ta. Nemo fayil ɗin ka mayar."

"Zai ɗau lokaci fa."

Ta jawo benci ta zauna. "Ni za ka koya wa jira?"