Teburin Dangin Nuraddeen

A bakin titi a unguwar Ammariyya, wasu dattawa biyu 'yan ci-rani na jiran motar Madinar Masana'antu, ɗaya ya ƙura wa wayarsa ido.

"Malam, me kake ta maimaita kallo haka?"

"Zaɓen 'yan ƙwallon kwando ne a Amurka. Duk shekara ƙungiyoyi sukan ɗebi sababbin yara, ɗaya bayan ɗaya."

"Kamar yadda kafili, ubangidan da ke ɗauko mu aiki, ke ɗibar leburori ke nan."

"Kusan haka. Ka ga wanda aka sa wa hular nan? Ɗana ne, Nuraddeen."

"Masha Allah, mabruk. Wanene wannan da ya rungume yana kuka?"

"Kocinsa ne. Kowane yaro ana ware masa teburin dangi. In an kira sunansa, ubansa yake fara runguma."

"To kai me ya hana ka zuwa?"

"Iƙamata, takardar izinin zamana a ƙasar nan, ta mutu tuntuni. In na fita ba dawowa."

"Ai dai ya bugo maka."

"Zai bugo. Hidima ce ta yi masa yawa."

"Amma dogo ne, tubarkalla. Kai ya gado?"

"Ni ma a bakin mai sharhin nan na ji tsawonsa. Ranar da na taho, iya ƙuguna yake."