Mai Riƙe Igiya

A wurin jiran bas na Batha, can ƙasar waje inda take aikatau, Zuhura tana ta latsa waya tana tsaki, wani dattijo ɗan ƙasarsu na zaune kusa da ita.

"Baiwar Allah, lafiya?"

"Ina fa lafiya, Baba! Ɗana nake nema in ce ya ajiye aikin nan. Ina nan ina wanke-wanke a gidan kafil, uban gidan da ya kawo ni, don ya zama soja, ashe jirgin dakon sojoji aka tura shi. Kwandasta ke nan fa, na ruwa!"

"Jirgin nan mai buɗe baki ta gaba ya sauke mutane?"

"Shi fa."

Dattijon ya gyara zama. "Irinsa ne ya kai mu Laberiya lokacin yaƙi, ina soja. Ni mutumin Sakkwato, ina na san teku? Jirgi ya buɗe baki, ruwa har wuya, ga harbi daga tudu. Wallahi na kasa sauka."

"To sai yaya?"

"Sai wani irin kwandastan naki ya faɗa ruwa da igiya, ko bindiga babu. Ya ja ta har gaɓa ya tsaya riƙe da ita, muka bi ɗaya bayan ɗaya. Mu muka samu maɓoya, shi yana fili har na ƙarshe ya wuce."

"Ya tsira?"

"Ban sake ganinsa ba, 'yata. Amma kullum yana cikin addu'ata."

Sai ga waya ta yi ƙara. Ɗan nata ne.

"Mama, kin neme ni?"

Zuhura ta share ido da gefen abaya.

"Ba komai, Shakir. Na ce dai, sun koya maka iyo sosai kuwa?"