Filin da Muka Share da Hannunmu

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Mai girma shugaban taro, Alhaji Ashraf Mati, mai girma sabon kansilanmu, shugabannin ƙungiyar tsofaffin ɗalibai, malamai na da da na yanzu, iyayenmu mata, jama'ar Katsina da kuka cika wannan zaure, ina gaishe ku gaisuwa ta girma. Ina godiya da kuka tuna da ni, ko da yake na san dalili: cikin waɗanda suka fara buga wa kwalejin nan ƙwallo, ni kaɗai na rage da ƙafar zuwa taro.

An ce in ba da tarihi. Da farko, ku sani ba a ba mu fili ba, mu muka yi shi. Kafin 'yancin kai, bayan azuzuwan nan ƙaya ce da kututture. Muka sare, muka tsince, muka kafa azara muka ce ga raga. Ba takalmi, ba riga iri ɗaya, ƙwallo kuma ɗaya tak, wadda wani baduku a Ƙofar Durbi yake ɗinke mana duk ranar da ta fashe.

Na biyu, gasar kwalejoji. Shekarar da aka fara ta, mun sha kashi har muka shigo gari kai a sunkuye. Da shekara ta zagayo muka hau bayan motar gyaɗa zuwa Zariya, muka kai wasan ƙarshe. Kafin hutun rabin lokaci yatsan golanmu, Yari, ya karye. Malamin wasanni ya ce ya fito. Yari ya ce, "Malam, ɗaure shi da ɗan'uwanshi, ba inda za ni." Aka ɗaure, ya koma raga, ba wadda ta wuce shi. Marigayi Dabo ya ci mana ɗaya da ka, muka ɗauko kofi.

Na uku, shi ne mai ciwon. Zamanin soja aka yanka rabin filin nan aka raba fuloti. Muka ce soja ne, ba a tambayarsa. Muka yi haƙuri, muka jira farar hula, muka bi layi cikin rana muka yi zaɓe. To, ga farar hula ta zo, kuma a makon jiya na ga an jibge bulo a ɗaya rabin. Kofin, ba wanda ya san inda yake. Gasar, ba wanda ya san shekarar da ta mutu. Yaranmu suna jero sunayen 'yan wasan Turai kamar karatun allo, amma ba su da inda za su buga.

Yari yana nan da rai a Ƙofar Kwaya, sai dai idanu sun tafi. Shekaranjiya na je gaishe shi, ya riƙe hannuna ya ce, "Sagiru, wa ke tsare mana raga bana?" Can sai ya saki hannuna, ya ce, "Na gane."

Ban zo roƙon fili ba, na tsufa da roƙo. Ku dai je ku gaishe shi tun yana jin sallama.

Allah ya jiƙan waɗanda suka riga mu, ya ba sababbin shugabanninmu tsoronsa, ya mayar da kowa gida lafiya.

Na gode.