Shagona na Intanet da Wasiƙar da Na Rubuta Cikin Fushi

Ina gaishe ku duka cikin sunan Yesu Almasihu Mai Cetonmu. Fasto, dattawa, iyayena mata na Zumunta, na gode da kuka ba ni fili.

Sunana Rifkatu. Waɗanda suka daɗe a nan sun san akwai lokacin da na ɓace daga sujada kusan shekara biyu. Wasu sun ce na koma Abuja. Ban je ko'ina ba, ina nan cikin Lafiya ina fushi. Ku yi mini haƙuri in muryata ta tashi, domin akwai abubuwan da har yau suna da wuyar faɗa.

Babana manomin riɗi ne a wajen Arikya. Tun ina yarinya nake ganin dillalai suna zuwa bayan girbi, su shuri buhu da ƙafa, su faɗi farashin da suka ga dama, Baba ya sunkuyar da kai ya ce to. Shekarar da aka ba mu jiha na gama sakandare, na shigo gari na koyi buga takardu a wani shagon kwamfuta. Na daɗe a wurin. Da mai shagon ya jawo intanet ya mayar da wurin kafe, ni aka bar wa sayar da tikitin shiga intanet.

Wata rana da rana babu kwastoma, sai na rubuta sunan riɗi da Turanci don in ga abin da zai fito. Na ga yadda ake nemansa a Legas da ƙasashen waje, na ga yadda ake sayar da shi. Na tuna ƙafar dillali a kan buhun Baba. Ranar ban iya cin abinci ba.

Daga nan na ƙudura sai na sayar da riɗin mutanenmu da kaina ta intanet. Amma ban iya gina shafi ba. Akwai wani ɗan'uwa da muke ƙungiyar mawaƙa tare, ya karanci kwamfuta. Zan kira shi Ishaya, ba sunansa ba ne, kuma ya daɗe da barin wannan ikilisiya. Ya ce zai gina mini shafin, ya riƙa kula da shi, a riƙa ba shi kasonsa. Muka yi addu'a a kai, muka riƙe hannu. Ko takarda ɗaya ba mu rubuta ba.

Sauran aikin duk nawa ne. Ni na ari kyamara na hau acaɓa zuwa Kwandere da Arikya. Ni na zauna da mata muna sheƙe riɗi muna tsince tsakuwa har bayanmu ya ƙage. Ni ke amsa imel, wani lokaci in rubuta doguwar amsa a ɗauke wuta kafin in tura, in sake daga farko. Ni ke kai kaya tasha in roƙi direbobi. A fuskar shafin na sa hoton Baba tsaye a gona da laujensa, na rubuta labarinsa a ƙasa.

Wata takwas babu wanda ya kula mu. Sai wata mai shago a Legas ta ce in aiko mata ta gwada. Bayan ta wasu suka biyo, har da 'yan ƙasarmu da ke zaune a waje. Muka ƙara agushi da zuma. Na bar aikin kafe, na kama ɗan ɗaki na sa kwamfutata. Manoma suka daina jiran dillalai, suka ƙara faɗin gonakinsu saboda ni.

A shekara ta huɗu, wata Litinin da safe, na sa lambar sirri shafin ya ƙi buɗewa. Na sake, ya ƙi. Akwatin imel ma haka. Na kira Ishaya, waya tana shiga ba ya ɗauka. Sai na buɗe shafin ta gaba kamar yadda baƙo zai gan shi. An cire sunana da lambata, an sa nasa. Hoton Baba yana nan. A ƙasansa, inda na rubuta labarin mahaifina, bai canza ko kalma ɗaya ba. Ya bar shi yana cewa "mahaifina", da sunansa a ƙarshe.

'Yan'uwa, mutumin nan bai taɓa taka gonar Baba ba. Bai san hanyar gidanmu ba.

Na same shi a gidansa yana wanke sabon babur. Ya ce tun farko da sunansa aka yi rajistar shafin, saboda haka nasa ne, ni taya shi aiki nake yi. Daga baya na ji ya rubuta wa kwastomomi cewa ya sallame ni don ya kama ni ina cutar mutane. A wancan lokacin duk wanda aka gani yana yawan zama gaban intanet dama kallon ɗan damfara ake yi masa. Magana ta bazu. Na shiga kasuwa mata suna taɓa juna.

Na je wurin 'yan sanda. Wanda na samu a kanta ya tambaye ni inda shagon yake, ko an fasa ƙofa, ko an ɗauki buhu nawa. Da na ce shagon yana cikin kwamfuta, sai ya kira abokin aikinsa ya zo ya ji, suka yi ta dariya.

Na kawo ƙara gaban dattawa. Zan faɗi wannan da ladabi, amma zan faɗa. An zauna da mu sau ɗaya. Ishaya ya zo da takardar rajista, ni na zo da bakina. Babu wanda ya tambaye ni wa ya nemo kwastomomin, ko wa manoma suka sani. Wani dattijo ya ce, "'Yata, abin da ba gona ba, ba gida ba, abu na iska, shi za ki raba kan masu bi a kansa? Ki yi haƙuri." Aka rufe da addu'a. Ran Lahadi na ga Ishaya a gaba riƙe da makirufo yana jagorantar yabo, idonsa a rufe, hannunsa a sama. Na ɗauki jakata na fita a tsakiyar waƙa.

Daga ranar fushi ya zama abincina. Da shi nake tashi, da shi nake yini. Na daina addu'a, domin na ce Allahn da ke karɓar waƙar ɓarawo ba ya bukatar tawa. Mijina Bulus ya yi ta lallashi har ya gaji, in ya ambaci gafara sai in yi kwana uku ban yi masa magana ba. 'Ya'yana in suka ji motsina sai gidan ya yi tsit. Manoma kuwa sun ci gaba da sayar wa Ishaya, don yana saye da kyau, su ba ruwansu da wa ke riƙe da lambar sirri. Su ma na ƙullace su.

Yanzu ga abin da ban taɓa faɗa a gaban taro ba.

Ina da wani tsohon littafi da na rubuta adireshin imel na kwastomomi duka. Wata rana na je wani kafe da ba a san ni ba, na buɗe akwati da sunan ƙarya, na rubuta musu cewa riɗin da suke saya daga Lafiya ana fesa masa maganin ƙwari mai guba kafin a ɗure, kuma yara sun kwanta asibiti saboda shi. Ƙarya ce tsagwaronta. Ni na koya wa matan nan yadda za su adana shi ba tare da magani ba. Na karanta wasiƙar sau biyu, na gyara Turancin, na tura. Na biya kuɗin kafe na tafi gida.

Cikin 'yan makonni kwastomomi suka watse. Ishaya ya sayar da babur, ya daina zuwa ƙauye. Da labari ya zo mini na dafa shinkafa da kaza. Bulus ya tambaye ni bikin me muke yi, na ce masa ya ci kawai.

Amma fushin bai tafi ba, ƙaruwa ma ya yi. Kaina ya fara ciwo kullum, idona yana ganin duhu-duhu. Wata rana ina cikin ciniki a kasuwa ƙafata ta hagu ta ƙi ɗaukata, na faɗi. A asibiti likita ya ce hawan jini ne, saura ƙiris ɓarin jikina ya shanye. Shekaruna talatin da biyu a lokacin.

Kwana na huɗu ina kwance sai ga Mama Mnena ta shigo da kular abinci. Gwauruwa ce 'yar Tibi daga Kwandere, tana cikin matan da na fara aiki da su. Ta rame har na kusa kasa gane ta. Ta zuba mini kunu, ta zauna bakin gado tana ba ni labarin gida. Ta ce bara ta shuka riɗi a duk gonarta, ko doya ba ta sa ba, saboda kasuwa tana tafiya. Da aka girbe babu mai saye. Dillalai suka dawo, suka ce sun ji riɗin Kwandere yana da guba, suka kwashe shi a wulaƙance. Ta ce wani mugu ne ya rubuta wa masu saye, kuma kowace Laraba matan zumuntarsu suna addu'a a kansa. Wasu suna roƙon wuta ta sauko, ita dai tana roƙon Allah ya bar shi da rai har ya tuba.

Na ajiye kunun. Ban shirya ba, bakina ne kawai ya buɗe. Na ce, "Mama, ni ce na rubuta."

Ta dube ni, ta yi magana da Hausarta ta Tibi. Ta ce, "Kai, Rifkatu? Kai da ka ci abinci a kwano ɗaya da mu?"

Na fara kawo mata labarin Ishaya, da hoton Baba, da dattawa. Ta ɗaga mini hannu. Ta ce, "Ishaya ya cuce ka, na sani. Ni me na yi maka?"

Ta rufe kularta ta fita. Na juya fuskata bango, na ce shi ke nan, gara ma in mutu a nan.

Ba a yi rabin awa ba ta dawo. Fuskarta a ɗaure take, ba ta ce ta yafe mini ba. Ta ce ta kai bakin titi za ta hau acaɓa sai ta tuna abin da take roƙo kowace Laraba, ga shi Allah ya amsa, ba ta da ikon gudu. Ta durƙusa a kan simintin asibiti ta kama hannuna da ƙarfi har ya yi mini zafi, ta ce in yi addu'a da bakina.

Addu'ata ba mai daɗin ji ba ce. Faɗa na yi da Allah. Na ce masa yana gani aka ƙwace gumina ya yi shiru, yana gani aka yi mini dariya, yana gani aka kira ni ɓarauniya a cikin gidansa. Na yi ta faɗa ina kuka har matan da ke sauran gadaje suka tashi zaune. Da maganata ta ƙare babu abin da ya rage sai gaskiya. Na ce, Yesu, an zalunce ni, ni kuma na zalunci gwauraye, ka ji tausayina, na kasa sauke wannan abin da kaina.

A wurin ya sauke shi. Wani nauyi da ya daɗe a ƙirjina ya tashi, na ja numfashi har ƙasan cikina, abin da na manta yadda ake yi. Halleluya!

Amma kada wani ya ɗauka daga nan komai ya zama sauƙi. Da aka sallame ni na fara gaya wa Bulus, ya yi kwana biyu bai iya kallon idona ba. Na rubuta wa kwastomomin nan duka da sunana na gaskiya, na ce wasiƙar ƙarya ce kuma ni na rubuta ta. Yawancinsu ba su amsa ba. Na je Kwandere na durƙusa a gaban manoma a ƙarƙashin mangwaro. Wani ya tofar da yawu a gabana ya tafi, kuma yana da gaskiya. Baba bai zage ni ba, da ma ya zage ni. Cewa kawai ya yi shi ya sha cuta a hannun baƙi, bai taɓa zaton zai ga ranar da 'yarsa za ta cuci manomi ba.

Na je wurin Ishaya ma. Na faɗa masa abin da na yi, na nemi gafara. Ya ce dama ya san halina, zai kai ni kotu. Na ce ina jira. Bai kai ni ba, bai kuma taɓa cewa shi ma ya yi laifi ba.

Matar Legas ɗin nan da ta fara gwada kayanmu ita kaɗai ta yarda ta dawo. Ta ce wanda zai iya rubuta irin wannan wasiƙa a kan kansa, za ta sake gwada shi sau ɗaya. Da ita na sake farawa. Na zauna na koyi gina shafi da hannuna, na yi rajista da sunana, duk wanda zan yi aiki da shi muna rubutawa a takarda ko da Fasto ne. Manoma sun dawo kaɗan-kaɗan, ba duka ba. Akwai gidaje a Kwandere da har yanzu ba sa amsa gaisuwata. Ina shan maganina kullum, ƙafata ta warke, ga ni tsaye a kanta.

Abin da aka yi mini mugunta ce, ba zan taɓa kiran sa da wani suna ba, kuma Allah bai ce in yi ƙarya in ce ba komai ba. Abin da ya yi shi ne ya karɓi shari'ar daga hannuna. Jiya da safe na ambaci sunan mutumin nan da na kira Ishaya cikin addu'a, na roƙa wa 'ya'yansa alheri, bakina bai yi ɗaci ba. Ni na san ba ƙarfina ba ne.

Na gode wa Yesu da ya raya ni, ya kuma tona ni kafin in mutu da wannan a cikina. In akwai wanda ke zaune a nan yau da sunan wani a ƙirjinsa, kana da gaskiya kuma kowa ya ƙi saurare, kada ka jira sai ka tsaftace zuciyarka kafin ka zo. Ka kawo fushin yadda yake, ka faɗa masa da muryar da kake da ita. Zai iya ɗauka. Ku dogara gare shi.

Ɗaukaka ta tabbata ga sunansa. Amin.