Tsohhi Sun Shanye Rijiyar Namadi

NAMADI: Halo! Wani maras kunya ya kashe ni da raina, kuma Allah na ganinai!

NA'ALLAH: Halo? Namadi? Taubashina! Ko sallama babu? An tashi lahiya?

NAMADI: Lahiya.

NA'ALLAH: Ya Kebbe? Ya Goggo? Ya albasa?

NAMADI: Albasar ce ta sa nit tako keke har gidan wayar Tambuwal in same ka Sakkwato. Majigin da kunka nuna muna ran Jumma'a...

NA'ALLAH: Na baturen nan mai hular kwano, mai yawon neman ruwan ƙuruciya? Ai an sha dariya!

NAMADI: Kai ne riƙe da lasifika kana fassara. Da yak kai bakin ruwa, mi kac ce?

NA'ALLAH: Kai, wayar ga na ƙara, ban ji...

NAMADI: Kana ji sarai! "Jama'a, ga shi ya iso rijiyar Namadi ta fadama!"

NA'ALLAH: Wasan taubasai ne!

NAMADI: Sai injinku ya mutu, kowa ya watse, ba wanda yag ga ƙarshe. Kwana fuɗu ke nan tsohhi na layi bakin rijiyata, har daga Fakku bisa jakkai! Ɗangiwa mai shekara tamanin ya sha, ya yar da sanda, ya ce a fito mai da ɗan kokawa.

NA'ALLAH: Wayyo cikina! An yi?

NAMADI: Yana kwance ana gasa mai ƙugu. Rijiya ta koma laka, albasata ta kwanta. In ta ƙara kwana ukku ba ruwa, na rasa noman bana.

NA'ALLAH: Subhanallahi! To ai a ƙarshe baturen ya yi ta sha har ya koma jinjiri, mai dafa mai abinci ya goye shi, gashin baki na nan.

NAMADI: Shi nika so! Ku dawo gobe ku nuna. In ga tsohon da zai yarda matatai ta goye shi zuwa kasuwa.

NA'ALLAH: Gobe motar majigin na Yabo...

NAMADI: To bari in shiga kasuwa da labarin gora.

NA'ALLAH: Wane gora?

NAMADI: Wanda direbanku ya kawo ma Goggo shekaranjiya. "A cika ma mai fassara da ruwan rijiyar nan, hurhura ta dame shi." Kai ka ƙaga ƙaryar, kai ka saye ta!

NA'ALLAH: Namadi... gobe bayan magariba muna Kebbe.

NAMADI: Goran naka ne ko ba naka ba? Yi musu in ka isa! Halo? Halo!