Ƙyauren da Rufus Ya Bari

Mai girma shugaban wannan taro, Baba Dattijo Obadiah Kumai, mai girma Rabaran Silvanus, makiyayinmu, dattawan ikilisiya, 'yan kwamitin gini, iyayena da 'yan'uwana na Zumuntar Mata, mawaƙa da matasa, baƙinmu da suka taso daga Kagoro da Zonkwa, da dukan jama'ar Kafanchan da ke zaune a nan: ina gaishe ku cikin sunan Ubangiji.

Ga wanda bai san ni ba, ni ce Malama Bernice, mai koyar da 'yan aji uku. Rabin samarin da nake hange a can baya sun sha bulalata, don haka na san za su yi shiru. Ina godiya ga shugaba da ya ba mace dama ta tsoma baki a maganar gini. Ina godiya ga duk hannun da ya ɗauki yashi, da duk kan da ya ɗauki ruwa, har sabuwar majami'armu ta fito daga ƙasa a wannan shekara ta 1974.

Magana ɗaya ta tara mu, ita ce maganar ƙofa. Magininmu Malam Zamani ya ce ranar Litinin zai kafa katakon ƙofa, kuma a kan wannan awo bango zai tashi. In ya tashi, ya tashi ke nan. Kwamiti yana so a kawo ƙofar ƙarfe mai faɗi daga Kaduna. Ni kuwa na tashi in roƙi a yi awon a kan tsohon ƙyaurenmu na katako, wanda yanzu yake jingine a bayan ɗakin ajiya, kaji suna hawa kansa. Dalilaina uku ne.

Na farko, ku san wanda ya yi shi. Yaran yanzu sun taso sun ga ƙofar majami'a rabi katako rabi kwano, suna tsammani haka aka tsara ta. Rufus ne ya yi wannan ƙyaure, kafintan reluwe, mutumin Gabas, mijin ƙanwata Hellen. In ya tashi daga aiki da yamma, sai ya zo nan ya zauna ƙarƙashin mangwaro yana sassaƙar katakon maɗaci, yana rera waƙoƙin sujada da wata irin Hausa da ko mu, masu karya ta kullum, sai mun yi dariya. Ƙofa ce mai ƙyaure biyu ya nufa. A na dama ya sassaƙa zangarniyar dawa saboda ƙasar matarsa, kuma Hellen ta yi ta yi masa tsiya cewa dawarsa ta fi kama da masara. A na hagu ya ce zai sassaƙa itacen kwakwa na garinsu. Ya kafa na dama a watan Agusta na 1966. Na hagu kuwa, ko gogewa bai gama ba, rikicin da kuka sani ya ɓarke, mutanen Gabas suka cika tasha suna neman jirgin ƙasa. Rufus da Hellen suna cikin waɗanda suka tafi.

Na biyu, na ji hujjar kwamiti, kuma ban raina ta ba. Sun ce gara ba ta cin ƙarfe, gaskiya ne. Sun ce ƙofa mai faɗi ta fi sauƙin shigar amarya da fitar akwatin gawa. Wannan ma gaskiya ne, ko da yake shekara takwas muna shigar da amare ta rabin ƙofa, ban ga wadda ta maƙale ba, har da Roseline, duk da ƙibarta. Sun kuma ce kwanon nan ya yayyaga rigunan yara, awaki kuma suna bi ta ƙasansa su halarci sujada. Ni ma na gaji da kwanon. A samu kafinta ya yi ƙyaure na hagu, ai awon yana nan a bayan na dama, Rufus ya rubuta da fensir, har yau bai goge ba. A yi shi sumul, kada a sassaƙa komai a kai, a bar wa mai shi wurin kwakwarsa.

Wani dattijo, ba zan kama suna ba, ya ce mini in Hellen ta dawo ba sai ta ga ƙyaure ba, ai tana da baki, za ta yi tambaya. Baba, da girmanka, ba kowa ne mai dawowa yake iya tambaya ba. Bayan an gama yaƙin basasa na ga wani mutum ya sauko daga jirgin Fatakwal da 'yar jakarsa. Ya bi layin da ya taɓa zama, ya tsaya gaban wani gida ya daɗe yana kallo. An sake fenti, an sake ƙofa, ba abin da ya gane, ba wanda ya gane shi. Bai yi sallama ba, ya juya ya koma tasha ya jira jirgin komawa. Wanda ya fita daga gari a guje yana bukatar ya ga wani abu da zai shaida masa ba a manta da shi ba, kafin ya sami ƙarfin buɗe baki. Sabon gininmu yana fuskantar hanyar tasha. Ina so wanda ya taso daga can ya hango dawar Rufus tun daga nesa.

Na uku shi ne mai nauyi, kuma ban taɓa faɗarsa a gaban kowa ba, ko Rabaran bai sani ba.

Ni na goya Hellen bayan rasuwar mahaifiyarmu. Ni na koya mata daka acca, ni na raka ta gidan miji. Da tafiyar ta taso, kwana biyu ina roƙonta ta zauna. Na ce ita 'yar ƙasa ce, ba mai taɓa ta, ta bar Rufus ya je, in ƙura ta lafa ya dawo. Ta ce a gaban wannan ikilisiya ta yi alkawarin bin sa, kuma tana da ciki wata biyar, ba za ta haifi ɗa ubansa yana wata duniya ba. Raina ya ɓaci. Ranar tafiya, da tsakar rana, ta zo yi mini sallama. Na hango ta ta taga da ƙullin kaya a ka, sai na shiga ɗaki na sa sakata. Ta ƙwanƙwasa, ta sake ƙwanƙwasawa. Ta ce, “Yaya, buɗe in ga fuskarki.” Na ce, “In kin fasa tafiya, na buɗe.” Ta tsaya, ina jin numfashinta ta jikin katako. Can ta ce, “To Yaya, ki yi mini addu'a.” Na ji takunta yana nisa. A wautata na ɗauka fushina zai juyo da ita. Da na cire sakata na ruga tasha, jirgi ya riga ya tashi.

Shekara takwas ke nan. Na rubuta wa fastoci a Inugu, na rubuta Umuahia, na rubuta Aba. Wata da ta dawo ta ce ta ga mai kama da ita a sansanin gudun hijira da goyo a baya. Wani ya ce ba ita ba ce. Ban san kabari ba, ban kuma san gida ba. Ina kewar ƙanwata, jama'a. Ina kewar surutunta, ina kewar faɗanmu, ina kewar ɗan da ban san ko namiji ne ko mace ba.

Saboda haka roƙona biyu ne. Ku bar Malam Zamani ya yi awonsa a kan ƙyauren Rufus. In kun yarda da wannan, ku ƙara mini da aiki ɗaya: ku ba ni makullin. Kowace Lahadi, da kowace ranar da jirgin Gabas yake shigowa, ni zan zo in buɗe, muddin ƙafafuna suna ɗaukata.

Ubangiji ya ba dattawanmu hikima a kan abin da za su yanke yau. Ya ƙarfafa hannun magina, ya tsare su daga faɗuwa. Ya albarkaci gonakinmu da makarantunmu, ya zaunar da ƙasarmu lafiya, kada mu sake ganin ranar da maƙwabci zai gudu daga maƙwabcinsa. Ya mai da baƙinmu gida lafiya. Waɗanda suka ɓace mana kuma, in suna raye, ya nuna musu hanyar Kafanchan. In kuwa Hellen ta riga ni zuwa wurinsa, ina roƙonsa ya gaya mata cewa Yaya ta buɗe. Amin.

Na gode.