Farar Ƙasa a Jakar Littafi Mai Tsarki

'Yan'uwana mata, ina gaishe ku da sunan Yesu Almasihu wanda ya tsayar da ni da ƙafafuna. Ni ce Rifkatu mai ɗinki a Ɗan Iya, kuma yau zan tona wa kaina asiri.

Da cikina na uku kwaɗayin farar ƙasa ya kama ni. Har Ƙofar Wambai nake zuwa sayowa don kada 'yan majami'a su gan ni. A jakar Littafi Mai Tsarki nake ɓoye ta, kun ji rashin kunya! Maganin ƙarin jinin da ake ba mu a wurin awo kuwa zubarwa nake yi, wai yana tayar mini da zuciya.

Sai jiri ya fara. In na taka keken ɗinki, numfashina kamar zai ɗauke.

A wata na bakwai aka ɗebi jinina. Likita ta daɗe tana kallon takardar, sannan ta ce, "Madam, jajayen ƙwayoyin jinin mai lafiya kusan girmansu ɗaya. Naki wasu ƙanana, wasu manya, kamar an haɗa gero da dawa. Jinin nan na da matsala. Kina shan maganinki? Akwai abin da kike ci?"

Mijina Bitrus na gefena. Na ce ina sha, kuma ba na cin komai.

Ta ce, "To, in kina sha kuma haka yake, sai an binciki ɓargonki. In naƙuda ta same ki a haka kika zubar da jini, ba ni da tabbas a kanki ko a kan jaririn."

Na fita baranda, na durƙusa a gaban mutane, na ce, "Ubangiji, ka ceci ɗan nan!" Abin da ya faɗo mini a rai ɗaya ne: koma ki faɗi gaskiya. Na ce, "Ya Yesu, a gaban mijina?" Tsoro ya kama ni, kunya ta rufe ni.

Na koma ciki, na zazzage jakar Littafi Mai Tsarkin a kan tebur, farar ƙasar ta zubo, na faɗi komai.

Likita ta ce, "Wannan ƙasar ce ke hana jikinki karɓar sinadarin da ke gina jini. Kin kusa makara." Bitrus bai yi faɗa ba. Daga ranar, kullum shi ke miƙo mini maganin, ya tsaya sai na haɗiye. A hankali kwaɗayin ya sake ni.

Ranar haihuwa na zubar da jini sosai, 'yan'uwa. Ina jin ungozoma na kiran sunana daga nesa. Amma jinin ya riga ya farfaɗo, ya riƙe ni. Halleluya!

Na gode wa Allah. Ku dogara gare shi, kuma in ya ce ku buɗe baki, ku buɗe. Ga 'yar da na haifa, Godiya, a bayana, watanta huɗu, ba marainiya ba ce.